Ingrid Bergman: Marainiyar Da Ta Zama Tauraruwar Silima

A hutun da ya wuce, kawuna ya zaunar da mu kallon wani tsohon fim marar launi mai suna Casablanca. Da farko na so in sulale, don a ganina fim ɗin da babu faɗa babu rawa ɓata lokaci ne. Amma matar da ta fito a cikinsa ta hana ni tashi. Ko ba ta ce uffan ba, fuskarta kaɗai ta isa ta nuna maka abin da ke cin ranta. Wannan ya sa na bi diddigin tarihinta, ga kuma abin da na samo.

Sunanta Ingrid Bergman. An haife ta a Stockholm, babban birnin ƙasar Suwidin, ran 29 ga Agusta, 1915. Tana da shekara 2 uwarta ta rasu. Ubanta mai ɗaukar hoto ne, shi ya sabar mata da tsayuwa gaban kyamara, shi ma ya rasu tana da shekara 13. Yarinya ce mai tsananin kunya, amma da zarar ta hau dandalin wasa sai kunyar ta gudu. A 1933 ta shiga makarantar koyon wasan kwaikwayo ta birninsu, bayan shekara ɗaya ta koma yin fim.

A 1939 wani babban mai shirya fim, David Selznick, ya kira ta Amurka. Da ta isa aka ce sai ta canja suna, a rage mata gira, a gyara mata haƙora. Ta ce sam, in ba a son ta yadda take, za ta koma gida. Dole aka ƙyale ta. Casablanca ya fito a 1942, sa'an nan fim ɗin Gaslight na 1944 ya jawo mata Oska, wato lambar girma mafi daraja a harkar silima a Amurka.

To, a nan ne labarin ya juya. A 1949 ta tafi Italiya aiki da wani darekta, Roberto Rossellini, ta bar mijinta da 'yarta mai shekara 10 a Amurka. A 1950 ta haifa wa darektan ɗa tun aurenta na farko bai mutu ba. Mutanen da suka ɗauke ta kamar waliyyiya suka juya mata baya, har wani sanata ya tashi a majalisar dattawan Amurka ya yi tir da ita. Ba na wanke ta, don ta yi kuskure babba, kuma 'yarta ce ta fi kowa shan wahalarsa, sai da suka yi shekaru ba su sadu ba.

Duk da haka ba ta daina aiki ba. Fim ɗin Anastasia na 1956 ya kawo mata Oska ta biyu, wani na 1974 ya kawo ta uku. A 1972 wani sanatan ya ba ta haƙuri a cikin majalisar nan da aka zage ta. A 1978, tana fama da ciwon daji, ta yi fim da harshensu, inda ta fito a matsayin uwar da ta fifita sana'a a kan 'ya'yanta. Ina ganin ba ƙaramar jarunta ba ce mutum ya fito ya kwaikwayi laifinsa a idon duniya. Ta rasu a Landan ran 29 ga Agusta, 1982, ranar da ta cika shekara 67 daidai.

'Yan'uwana ɗalibai, da yawanmu muna mafarkin yin suna. Abin da na koya shi ne, bakin da ya yabe ka yau shi zai zage ka gobe. Ƙwarewar aiki ce ta mayar wa Ingrid da martabarta, amma shekarun da ta rasa tare da 'yarta babu lambar girman da ta mayar mata da su.