Samarin Nijar da suka ba fim ɗin Jaguar murya

A 1954 Bafaranshe Jean Rouch ya bi samari uku daga Nijar zuwa Ghana, lokacin tana Gold Coast: Damouré Zika, Lam Ibrahim Dia da Illo Gaoudel. Babu rubutaccen labari. Su suka ƙirƙiri abin da za su yi gaban kyamara, har da teburin koli a kasuwar Kumasi, sana'ar da mutanen zango suka sani sarai. Kyamarar ba ta ɗaukar sauti, don haka daga baya Damouré da Lam suka kalli hotunan suna hira da barkwanci, aka naɗi muryoyinsu. Hirar nan ce ta riƙe Jaguar da ya fito a 1967, amma sunan Rouch aka fi tunawa.