Daga Fadamar Augie Zuwa Kan Dutsen Dala

Ɗalibin da ya tashi a Augie ya san gulbin Rima da gonakin shinkafa, amma da wuya ya taɓa tsayawa kan dutse ya hango birni guda a ƙarƙashin ƙafarsa. Tafiyar kwana huɗu zuwa Kano da Zariya za ta cike masa wannan giɓi.

Ranar farko ta hanya ce. Washegari da sassafe a hau Dala, inda tarihin Kano ya ce Barbushe yana tsafin Tsumburbura tun kafin zuwan Bagauda a shekarar 999. Daga sama za ku hango Goron Dutse da rufin gidajen tsohon birni. Rana ta uku sai Dutsen Kufena a Zariya, ta huɗu a juyo gida.

Amma a zaɓi lokaci. Lokacin hawan Sallah gari cike yake, masauki ya yi tsada, mai yi muku jagora ma ba shi da sukuni. Da damina dutse santsi ne, da bazara kuwa rana ba ta da sauƙi. Mafi dacewa shi ne watan Nuwamba, bayan damina, kafin hazo ya rufe gari ku hau ku kasa ganin komai.

Kada ku tafi sai da malami da yardar iyaye, kuma kada dare ya same ku a hanya. Ku riƙe ruwa da littafin rubutu, ku tambayi ɗan gari labarin kowane lungu. Gani ya kori ji.