Gizo-gizon raƙumi: Gaskiya da ƙarya kan halittar da ta firgita sojoji a hamada

A shekarar 2004, shekara guda bayan Amurka ta mamaye Iraƙi, wani hoto ya fara yawo a saƙonnin imel. A cikinsa an ga soja ya ɗaga wata halitta mai launin rairayi, mai gashi da dogayen ƙafafu, wadda a ido tsawonta ya kusa kai na cinyar mutum.

Bayanan da suka riƙa rakiyar hoton sun fi hoton kansa tayar da hankali. An ce sunanta gizo-gizon raƙumi. An ce tana bin mutum a guje tana kururuwa, tana daka tsalle ta maƙale a cikin raƙumi ta huda shi, kuma tana cin naman mai barci ba tare da ya farka ba.

Fiye da shekara 20 ke nan, amma har yau hoton da labaran na sake ɓullowa a Facebook da WhatsApp da TikTok. Masana dabbobi kuwa sun daɗe da cewa kusan duk abin da aka faɗa ƙarya ne. Halittar dai akwai ta, kuma tana zaune a ƙasashen da miliyoyin Hausawa ke rayuwa ko suke zuwa neman abinci, daga Nijar da Chadi zuwa Sudan da Saudiyya.

Wace irin halitta ce?

Duk da sunansa, gizo-gizon raƙumi ba gizo-gizo ba ne, kuma ba kunama ba ne. Danginsu ne, amma gidansa daban. Masana na kiran rukuninsa Solifugae, kalmar Latin mai nufin masu gudun rana, kuma an gano nau'insa fiye da 1,000. Tsohuwar zuriya ce, domin an samu burbushinta a cikin duwatsun jihar Illinois ta Amurka, waɗanda suka kai kimanin shekara miliyan 300.

Abu biyu suka raba shi da gizo-gizon da aka sani: ba ya saƙa yana, kuma ba shi da dafi. Wutsiyar harbi irin ta kunama ma ba shi da ita. Abin mamaki shi ne halittar da ba ta iya saƙa ko zare ɗaya ba, a yanar gizo ta yi suna.

Wanda ya gan shi zai ɗauka ƙafa goma gare shi. Takwas ne. Biyun da ke can gaba wasu gaɓoɓi ne masu kama da hannuwa, da su yake lalube da cafke abinci, kuma a ƙarshensu akwai wani abu mai ɗanko da ke ba shi damar hawa bango, har ma da gilashi. Ƙafafun farko guda biyu sirara ne, su ma aikinsu lalube, don haka da ƙafa shida kawai yake gudu.

Makaminsa na gaske muƙamuƙansa ne. Guda biyu ne, kowanne kamar awartaki mai haƙora, kuma a wasu nau'o'in sukan kai kashi ɗaya cikin uku na tsawon jikinsa. Yana motsa su gaba da baya kamar zarto har ya daddatsa abin da ya kama, ya zuba masa ruwan narkar da abinci, sannan ya tsotse.

Sunayensa sun bambanta daga ƙasa zuwa ƙasa. A Sudan da wasu ƙasashen Larabawa ana ce masa abu shabat, wasu kuma su ce kunamar iska saboda saurinsa. Masu jin harshen Afrikaans a Afirka ta Kudu na kiransa mai aski, bisa camfin cewa yana yi wa mai barci askin gashi ko gemu. Alaƙanta shi da raƙumi kuwa, wasu na ganin daga ɗan tudun da ke saman kansa ta samo asali, wanda ya yi kama da tozo, wasu kuma na cewa saboda akan gan shi kusa da mushen raƙuma.

Girma da gudu

Hoton Iraƙi ba haɗi ba ne, ido ne ya yaudaru. Halittu biyu ne a ciki, ɗaya ta maƙale wa ɗaya, kuma an kusanto da su bakin kyamara yayin da ƙafar sojan da ke baya take nesa. Idan aka gwada su da hannun rigar da ya fito a gefen hoton, nan take girman zai koma daidai.

Mafi girma a cikinsu jikinsa bai wuce kimanin santimita 7 ba. Idan aka haɗa da ƙafafu a miƙe zai iya kai santimita 12 zuwa 15, wato kwatankwacin tafin hannun babba. Akasarinsu ba su kai haka ba, wasu ma ba su wuce ƙwayar wake ba.

Sauri kam yana da shi. Ƙiyasin da aka fi ambatawa shi ne kilomita 16 a awa guda, shi ma a ɗan gajeren zango, ba kilomita 40 da ake yayatawa ba. Sirrin yana ga numfashinsa: wasu siraran bututu ne ke kai iska kai-tsaye cikin tsokar jikinsa, kamar yadda yake ga ƙwari. Wannan kuzari yana da tsada, shi ya sa kullum yake cikin neman abinci. Shahara da tsalle kuwa ƙirƙira masa aka yi.

Yana bin mutum da gaske?

A nan akwai ɗan abin kamawa, sai dai fassarar ce ta karkace. Yawancin nau'o'insa da dare suke fita, da rana kuma su ɓuya a rami ko ƙarƙashin dutse. Idan aka tone maɓoyarsa da tsakar rana, abin da ya fi buƙata shi ne inuwa mafi kusa, kuma a filin hamada sau da yawa inuwar mutumin da ke tsaye ce. Mutum ya matsa, inuwa ta matsa, shi ma ya bi. Wanda ya ruga zai rantse cewa an biyo shi, alhali da ya tsaya cak, da halittar ta lafe a inuwarsa.

Da dare kuma haske ne ke jawo shi. Fitila da wutar da aka hura suna tara ƙwari, shi kuma inda ƙwari suke nan kasuwarsa take ci. Dalilin da ya sa yake faɗowa cikin tanti ko tsakiyar masu hira ke nan.

Kururuwa ba ya yi. Wasu nau'o'in dai sukan goga muƙamuƙansu da juna idan an takura su, sai a ji wata 'yar ƙara kamar ana kankare busasshen fata.

Raƙumi da mai barci

Abincinsa gara ne da fara da buzuzu da sauran ƙwari. Manyansu kan kama kunama da ƙananan ƙadangaru, wani lokaci har da ɗan ɓera. Raƙumi ba ya cikin lissafinsa. Ba ya huda cikinsa, kuma ba ya saka ƙwai a fatarsa. Macen rami take tonawa a ƙasa ta zuba ƙwai kimanin 50 zuwa 200, a wasu nau'o'in ma ta tsaya gadinsu har su ƙyanƙyashe. Rayuwarsa gaba ɗaya ba ta cika wuce shekara guda ba.

Labarin cewa yana kashe wa mutum jiki da dafi kafin ya ci namansa shi ma ba shi da tushe, tunda babu dafin. Wani rahoto da aka wallafa a Indiya a 1978 ya yi iƙirarin samun dafi a nau'i ɗaya, amma binciken da ya biyo baya bai tabbatar da hakan ba. Idan aka kama shi ko aka danne shi yana cizo, cizon yana da zafi, kuma babba zai iya fasa fata. Wanda aka ciza yana barci zai farka a take.

Me ya sa labaran suka yi ƙarfi?

Sojojin da aka kai baƙuwar ƙasa sun daɗe da shagala da wannan halitta. A Yaƙin Duniya na Ɗaya, sojojin Birtaniya da ke Masar sukan haɗa su faɗa suna caca a kai, haka ma aka yi a Libiya a Yaƙin Duniya na Biyu. Labaran ban tsoro sun yaɗu a Yaƙin Tekun Fasha na 1991, sai dai a lokacin baki ne kawai ke ɗaukar su. A 2004 imel ya ba su fukafukai.

A 2008 jaridun Birtaniya sun ruwaito yadda iyalan wani soja a garin Colchester suka ƙaurace wa gidansu, bisa zargin cewa gizo-gizon raƙumi ya biyo kayansa daga Afganistan ya kashe musu kare. A 2011 kuma aka fitar da wani fim na ban tsoro a Amurka mai ɗauke da sunan halittar, inda aka nuna ta tana halaka mutane.

Ƙarancin bincike ma ya taimaka. Halitta ce mai wuyar kiwo a ɗakin gwaji, don haka masana ƙalilan ne suka duƙufa a kanta, irin su John Cloudsley-Thompson, wanda ya koyar a Jami'ar Khartoum daga 1960 zuwa 1971, da Fred Punzo, wanda ya wallafa littafi sukutum a kanta a 1998. Inda ilimi ya yi ƙaranci, jita-jita ce ke cike gurbi.

A ina yake rayuwa?

Mutane da yawa sun ɗauka a Iraƙi da Afganistan kaɗai ake samun sa. Gaskiyar ita ce yana kowace nahiya in ban da Ostireliya da Antaktika. A tsibirin Madagaska ma babu shi.

Ya fi son busasshiyar ƙasa mai zafi. A Afirka yana Sahara da yankin Sahel da gabashin nahiyar, sai kuma kudanci, inda Namibiya da Afirka ta Kudu ke cikin wuraren da suka fi yawan nau'o'insa a duniya. Yana yankin Larabawa da Iran da tsakiyar Asiya da Indiya. A Turai ana samun sa a Sifaniya da Fotugal da Girka. A Amurka ma yana nan a jihohin Arizona da Texas da Kalifoniya, haka nan a Meziko da wasu sassan Kudancin Amurka. Wato sojan da ya firgita da shi a Bagadaza, mai yiwuwa ya baro ɗan'uwansa a bayan gidansu.

Ba hamada zalla ba, yana zama a filin ciyawa da daji mai ƙaya, har akwai nau'in da ke rayuwa a Vietnam mai yawan ruwan sama.

Inda haɗarin yake

Hausawa na cewa ana zaton wuta a maƙera, sai ta tashi a masaƙa. A ƙasar da gizo-gizon raƙumi ke yawo akwai halittu biyu da ba su kai shi ban tsoro a ido ba, amma su ne ke kisa.

Ta farko kunama ce. Wani nazari da aka wallafa a 2008 ya ƙiyasta cewa kunama na harbin mutum kimanin miliyan 1.2 a shekara, fiye da 3,000 kuma na mutuwa, kuma yara ne suka fi shiga haɗari. Wasu daga cikin mafiya dafi suna Sahara da yankin Larabawa. A watan Nuwamban 2021, ruwan sama mai ƙarfi ya koro kunamu daga ramukansu a Aswan da ke kudancin Masar, suka harbi fiye da mutum 500.

Ta biyu wani ɗan ƙuda ne da bai wuce milimita 3 ba, wanda ake kira ƙudan rairayi. Shi ke yaɗa cutar lishmaniya, mai haddasa gyambon da ke ɗaukar watanni bai warke ba. Ɗaruruwan sojojin Amurka sun kamu da ita a Iraƙi a 2003 da 2004, a daidai lokacin da ake ta ba da labarin gizo-gizo mai cin nama. Akwai kuma nau'inta da ke kama saifa da hanta, wato kala-azar, wanda Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce yana kashe fiye da kashi 95 cikin 100 na waɗanda ba a yi wa magani ba. Jihar Gadarif da ke gabashin Sudan, inda Hausawa da dama ke zaune, na cikin wuraren da cutar ta fi kamari.

Wannan bambanci yana da muhimmanci ga duk mai kwana a ƙasa: makiyayi, da mai haƙar zinariya a Djado, da mai aikin gona a Saudiyya, da iyalan da yaƙin Sudan ya kora zuwa sansanonin gabashin Chadi. Wanda ya ɗora laifin gyambonsa a kan gizo-gizon da ya gani jiya, zai iya zama yana shafe-shafe a gida har cuta ta ci ƙarfinsa.

Me ya kamata a yi?

Idan gizo-gizon raƙumi ya ciji mutum, a wanke wurin da ruwa da sabulu, a rufe da ƙyalle mai tsafta. Idan wurin ya kumbura, ko ya fara ruwa, ko zazzaɓi ya biyo baya, a je asibiti, domin ƙwayoyin cuta na iya shiga kowane rauni.

Idan kuwa ba a ga abin da ya yi cizon ba, sannan aka ga gumi mai yawa, ko amai, ko dalalar miyau, ko numfashi na sarƙewa, musamman ga yaro, to a ɗauka kunama ce, a garzaya asibiti ba tare da jira ba. Haka nan duk gyambon da ya shafe makonni bai warke ba, ko zazzaɓin da ya ƙi sauka tare da rama da kumburin ciki, yana buƙatar gwaji.

Matakan kariya iri ɗaya ne ga dukkansu: a kakkaɓe takalmi da shimfiɗa kafin amfani, a ɗaga makwanci daga ƙasa idan da hali, a kwana cikin gidan sauro mai magani, a toshe ƙasan ƙofa, a kuma nisanta fitila daga inda ake kwance.

Shi kuwa gizo-gizon raƙumi, idan ya shigo ɗaki, tsintsiya ta isa a fitar da shi. A waje yana da aiki, domin cikin abin da yake farauta da dare har da kunama.