Masaƙan Sihiri: Ƙungiyar Aes Sedai a Ƙagaggen Labarin Robert Jordan

Daga cikin ƙagaggun labarai na Turawa akwai wani reshe wanda mawallafi kan ƙago duniya sukutum, da ƙasashenta da tarihinta da al'adunta. Ɗaya daga cikin mafiya tsawo a wannan reshe shi ne The Wheel of Time, watau Majuyin Zamani, na Robert Jordan, mutumin Amurka. Littafin farko ya fito cikin 1990. Jordan ya rasu cikin 2007 bai kammala ba, sai Brandon Sanderson ya ƙarasa aikin daga bayanan da ya bari, littafi na 14 ya fito cikin 2013. Wannan takarda ta taƙaita ne ga ƙungiya guda ta cikin labarin, wadda ake kira Aes Sedai, ma'ana masu yi wa kowa hidima.

Tushen labarin duka saƙa ne. An ce zamani majuyi ne wanda aka kasa bakwai, yana juyawa yana saƙa, rayukan mutane kuwa su ne zaren. Ikon da ke juya shi ya rabu biyu: saidin na maza, saidar na mata. Mai baiwar taɓa wannan iko yakan zaro zare iri 5, watau iska da ruwa da ƙasa da wuta da ruhu, ya harhaɗa su kamar yadda masaƙi kan yi wadari sa'an nan ya bi da abawa. Kowace saƙa da aikinta: wata ta warkar da rauni, wata ta jawo tsawa. Wannan kwatanci ba baƙo ba ne ga Bahaushe, wanda kan ce mutum yana saƙa da warwara, ko kuwa an yi wa wane saƙa da mugun zare.

Tun wajen shekara 3,000 kafin farkon labarin aka gurɓata rabon maza, har ya zama duk namijin da ya taɓa shi sai ya haukace. Mazan farko da suka haukace su ne suka wargaza duniya. Saboda haka ƙungiyar ta koma ta mata zalla, mazauninta Farar Hasumiya a birnin Tar Valon, shugabarta kuwa ana kiranta Amyrlin. Yarinya takan shiga tana ɗaliba, in ta ci jarrabawa ta zama karɓaɓɓiya, daga nan ta kai ga cikakken matsayi. Sa'an nan ta zaɓi ɗaya daga rukuni 7 da ake kira Ajah, kowane da launinsa: ja na farautar mazan da ke taɓa ikon, kore na yaƙi, rawaya na warkarwa, ruwan toka na sulhu, ruwan ƙasa na ilmi, fari na hujjar hankali, shuɗi na neman adalci.

Amma abin da ya fi cancantar nazari shi ne rantsuwa 3 da kowace kan yi a kan wata sanda mai asiri, wadda ke ɗaure rantsuwar a jikinta har ba ta iya saɓawa. Ta farko ta hana ta faɗin ƙarya, ta biyu ta hana ta ƙera makamin kisa, ta uku ta hana ta mai da ikon makami sai a kan mayaƙan duhu ko don tsare rai. An kafa su ne domin jama'a su amince da ƙungiyar, alhali kuwa akasin haka ne ya auku. Da ƙarya ta gagara, sai matan suka gwanance wajen karkata gaskiya. Moiraine, ta rukunin shuɗi, da ta so ɓoye kanta a kan hanya, ba ta ce sunanta Alys ba, cewa ta yi ana iya kiranta haka. Da talaka da sarki duka suka koyi auna kowace kalma tasu da zargi. Har wa yau akwai rukuni na 8 a ɓoye, baƙi, wanda matansa suka warware rantsuwar a asirce suna ƙarya yadda suka so, sauran kuwa suka daɗe suna musun akwai shi, domin sun dogara ga sandar. Daga baya ma aka gane sandar tana rage tsawon ran mai rantsuwa.

A nan ne malamin adabi zai sami abin tattaunawa da ɗalibansa. Jordan ya nuna cewa ana iya ɗaure harshe, amma amana ba ta samuwa ta tilas, sai ta hali. Ko da yake duniyar ƙagaggiya ce, tambayar da ta tayar, ko mai faɗin gaskiya da niyyar ruɗi ya kuɓuta daga laifin maƙaryaci, ta isa a yi mata muhawara a kowane aji.