Salisu Yusuf: Daga tsakiyar fili zuwa bencin Super Eagles, da dala 1,000 da ta ƙi rabuwa da sunansa

Da la'asar sakaliya, idan ma'aikata suka fara tasowa daga kamfanonin Bompai da ƙananan masana'antun Dakata, duk filin da ba a kai ga ginewa ba yakan cika da samari. Wasu da takalmin ƙwallo, wasu ƙafa a ƙasa. A gefe za ka ga mutum ɗaya da usur a wuya, galibi tsohon ɗan wasa ne da gwiwa ta ajiye, kowa na kiransa Koci. Ba shi da albashi, sau da yawa ma shi ke sayen ƙwallon.

A cikin masu wannan sana'a daga Arewa, kaɗan ne suka kai inda Salisu Yusuf ya kai. Ya buga ƙwallo a gasar cikin gida, ya ɗaga kofi da Kano Pillars da Enyimba, ya zauna a bencin Najeriya a Gasar Kofin Duniya. Amma yau idan aka ambaci sunansa a teburin mai shayi, da wuya a gama hirar ba a tabo batun wani bidiyo na 'yan mintuna ba.

Ɗan wasan tsakiya daga Zariya

An haifi Salisu Yusuf a Zariya a 1962. A tsakiyar fili ya yi wasansa, wurin da ake tare harin abokan hamayya kuma a rarraba ƙwallo, aikin da 'yan kallo ba su cika yi wa tafi ba.

Ƙungiyoyin da aka fi saninsa da su su ne Ranchers Bees ta Kaduna da El-Kanemi Warriors ta Maiduguri. Matasan yanzu ba lallai su san nauyin waɗannan sunaye ba. Ranchers Bees ta kai wasan ƙarshe na gasar zakarun kofunan ƙalubale na Afirka a 1988, ta kuma ci kofin WAFU a 1989. El-Kanemi kuwa ta ɗauki Kofin Ƙalubale na Najeriya sau biyu a jere, a 1991 da 1992.

Bayan ya rataye takalmi sai ya koma horarwa, inda ya yi aiki da Nasarawa United da Lobi Stars kafin Kano ta kira shi.

Babban koci, amma akwai na sama da shi

Akwai wata al'ada a ƙwallon Najeriya da sai an fahimce ta za a gane tafiyar Salisu. Wanda ake kira babban koci sau da yawa ba shi ne babba ba. A samansa akwai wanda ake kira mai ba da shawara kan dabarun wasa, kuma shi ne mai gida: shi ke fitar da 'yan wasa goma sha ɗaya, shi 'yan jarida ke bi, albashinsa ne mai tsoka. Babban koci shi ke shan ranar atisaye.

A wannan kujera Salisu ya zauna a Kano Pillars a 2008, tare da Kadiri Ikhana, mutumin da ya ci wa Enyimba Kofin Zakarun Afirka a 2003. A shekarar ce Sai Masu Gida ta ɗauki kofin Firimiyar Najeriya karon farko tun kafa ta a 1990. Kofunan 2012 da 2013 da 2014 sun biyo baya a hannun wasu, amma na 2008 ne ya buɗe ƙofa, kuma duk wanda ya ga Kano a lokacin ya san yadda garin ya kwana.

Inda ya riƙe ragama shi kaɗai, nan ma ya nuna kansa. A 2013 ya kai Enyimba ta Aba ga Kofin Ƙalubale, bayan ta doke Warri Wolves a bugun fenareti a Legas. Bahaushe daga Zariya ya ɗaga kofi a Aba, garin da magoya baya ba sa haƙuri da koci ko na mako biyu, wannan ba ƙaramin abu ba ne.

A Super Eagles kuwa, kamar dai an rubuta masa zaman mataimaki. Ya taimaka wa Samson Siasia har aka sallame shi a 2011, bayan kunnen doki 2-2 da Guinea a Abuja ya hana Najeriya zuwa Kofin Afirka na 2012. Ya dawo a 2015 ƙarƙashin Stephen Keshi, ya zarce da Sunday Oliseh. Masu gida na tafiya, shi yana nan.

A 2016 aka ba shi riƙon ƙwarya na wasannin sada zumunta biyu a Turai. Ya doke Mali 1-0, ya doke Luxembourg 3-1. Wasu suka fara cewa a bar masa kujerar mana. Hukumar NFF ta sanar da Bafaranshe Paul Le Guen, yarjejeniyar ta watse, sai ta ɗauko Bajamushe Gernot Rohr a watan Agusta. Salisu aka ba shi sunan babban koci, wato dai na biyu.

Wasannin ƙarshe biyu, ƙwallo takwas a raga

Abin da ya zama nasa na kansa shi ne tawagar 'yan wasan cikin gida. A Satumban 2017 ya kai ta wasan ƙarshe na kofin WAFU a Ghana, mai masaukin baƙi ta casa su 4-1.

Sai gasar CHAN a Maroko a farkon 2018. Najeriya ta yi canjaras da Rwanda, ta doke Libya da Equatorial Guinea, ta fitar da Angola a ƙarin lokaci, ta tsallake Sudan 1-0 a wasan kusa da na ƙarshe, inda mai tsaron gida Ikechukwu Ezenwa ya ji rauni. Rabi'u Ali na Pillars yana cikin tawagar, don haka gidajen kallo a Kano suka ɗauki gasar tamkar tasu.

Ranar 4 ga Fabrairu a Casablanca, Maroko ta zura huɗu ba ko ɗaya, bayan an kori ɗan wasan Najeriya ɗaya a farkon zagaye na biyu. Kashi ne mai zafi. Amma a yi adalci: Najeriya ba ta taɓa kaiwa wasan ƙarshe na CHAN ba kafin nan. Keshi ma na uku ya zo a 2014.

Na goro ko cin hanci?

Makonni kaɗan bayan dawowa daga Gasar Kofin Duniya ta Rasha, a Yulin 2018, BBC ta fitar da bidiyon da tawagar ɗan jaridar Ghana Anas Aremeyaw Anas ta ɗauka a ɓoye lokacin gasar WAFU. An ga wasu da suka zo a matsayin dillalan 'yan wasa suna miƙa wa Salisu kuɗi, suna maganar a saka wasu 'yan wasa biyu a tawagar CHAN. Masu binciken sun ce dala 1,000 ce.

Salisu bai musanta karɓa ba. Ya ce dala 750 ce, kyauta ce kawai, kuma 'yan wasan biyu ƙwazonsu ne ya ba su gurbi, don dama suna cikin tawagarsa.

Nan ne gardamar take har gobe. A wajenmu baƙo ya ba ka na goro ba abin mamaki ba ne, mayar da kyauta ma wani lokaci raini ake ɗaukarsa. Sai dai mai zaɓen 'yan wasan ƙasa ba kamar kowa ba ne. Yaron da ke gudu a filin Dakata da yamma, jarinsa ɗaya ne: ya yarda cewa ƙafarsa ce za ta kai shi, ba aljihun dillali ba. Ko da kuɗin bai sauya sunan kowa a jerin tawaga ba, hoton hannun koci yana karɓa ya isa ya girgiza wannan yarda.

Kwamitin ɗa'a na NFF ƙarƙashin Nuhu Ribadu ya dakatar da shi shekara ɗaya a Satumban 2018, ya ci shi tarar dala 5,000. Wasu na ganin hukuncin ya yi sauƙi idan aka duba Kwesi Nyantakyi, shugaban hukumar ƙwallon Ghana, wanda binciken Anas ya sa FIFA ta haramta wa harkar ƙwallo har abada, kafin kotun wasanni ta rage zuwa shekara 15. Amma laifin da aka kama Nyantakyi da shi ya fi wannan girma nesa ba kusa ba.

Dawowa

Ƙwallon Najeriya ba ta daɗe tana fushi da shi ba. Da wa'adin ya cika ya karɓi Rangers ta Enugu. A ƙarshen 2021 NFF ta mayar da shi Super Eagles, abin da ya jawo surutu a jaridu, ya kuma je Kofin Afirka a Kamaru a matsayin mataimakin Augustine Eguavoen. A daidai lokacin ne Pillars ta sake ɗaukarsa, a kakar da rikici ya dabaibaye ƙungiyar, aka zaftare mata maki, ta ƙare da faɗawa rukuni na biyu a 2022.

A ƙarshen Agusta da farkon Satumban 2022 ya sake haɗuwa da Ghana, wannan karon a neman gurbin CHAN. An ci Najeriya 2-0 a Cape Coast, yaransa suka rama 2-0 a Abuja, Ghana ta wuce a bugun fenareti. Watanni shida bayan nan, yana riƙe da tawagar 'yan ƙasa da shekara 23, aka fitar da Najeriya daga neman zuwa gasar Afirka, abin da ya rufe mata hanyar Olamfik ta Paris. Ƙasar da ta fitar da ita ita ce Guinea, wadda ta raba shi da bencin Super Eagles karon farko a 2011.