Marta Kubišová: Mawaƙiyar da Gwamnati Ta Rufe wa Baki Kusan Shekara 20

Duk wanda ya bibiyi tarihin ƙasar Cekoslobakiya, wadda ta rabu gida biyu a 1993, zai ci karo da sunan Marta Kubišová. An haife ta ranar 1 ga Nuwamba 1942 a garin České Budějovice. Ta fara waƙa a gidajen wasan kwaikwayo na Pardubice da Plzeň, kafin ta koma gidan wasa na Rokoko a birnin Prague a 1964. Muryarta mai kauri da zurfi ta sa ta yi fice nan da nan, har ta lashe Zlatý slavík, babbar kyautar mawaƙan ƙasar, sau 3. Ta kuma taɓa harkar fim, inda ta fito a Mučedníci lásky na darakta Jan Němec, wanda daga baya ya aure ta.

A watan Agusta 1968 tankokin Tarayyar Sobiyet da ƙawayenta suka kutsa ƙasar don murƙushe sauye-sauyen da jagoran ƙasar na lokacin, Alexander Dubček, ya fara. A daidai lokacin ne waƙarta Modlitba pro Martu, wadda aka shirya don wani shirin talabijin, ta karaɗe ƙasa. Waƙar roƙo ce na zaman lafiya da dawowar mulki hannun jama'a, don haka mutane suka mai da ita taken ƙin mamaya.

Sababbin mahukunta ba su yafe mata ba. A 1970 aka ƙirƙiri hotunan batsa na ƙarya aka jingina mata, aka fake da su aka hana ta hawa dandamali, aka kuma cire muryarta daga rediyo da talabijin. Tauraruwar jiya sai ga ta tana liƙa jakunkunan kayan wasan yara, daga baya ta zama akawu a wani kamfanin gine-gine.

Da yawa daga abokan sana'arta sun lallaɓa gwamnati sun ci gaba da cin kasuwarsu. Ita kuwa ta sa hannu a takardar Charta 77 mai neman kare haƙƙin ɗan Adam, tare da marubuci Václav Havel, har ta zama ɗaya daga masu magana da yawun tafiyar, 'yan sandan ciki suna bin sawunta.

Mai haƙuri yakan dafa dutse. A Nuwamba 1989, lokacin da mulkin kwaminisanci ke tangal-tangal, ta fito barandar ginin Melantrich a Dandalin Wenceslas na Prague ta rera waccan waƙa ta Modlitba pro Martu, babu ko kiɗa, gaban dubban ɗaruruwan masu zanga-zanga. Daga nan ta koma sana'arta, ta kuma daɗe tana gabatar da shirin talabijin na nema wa dabbobin da aka yasar masu riƙo. Ta yi bankwana da dandamali a garinsu ranar da ta cika shekara 75, a 2017.

Gwamnatin da ta haramta mata waƙa ta kwashe mata shekarun ƙuruciyarta, amma gwamnatin ce ta riga faɗuwa.