Masu Ajiyar Amana: Inda Kuɗin Fansho Ke Kwana

BAUCHI: Ma'aikacin gwamnatin tarayya mazaunin Miri, wanda ake cire wa kashi 8 cikin 100 na albashinsa domin fansho, ajiyarsa ba a hannun kamfanin da ke juya kuɗin take ba.

Bayan shekarun da tsofaffin ma'aikata suka kwashe suna jiran haƙƙinsu, dokar gyaran fansho ta 2004 ta raba aikin gida biyu. Bankunan First Bank, UBA da Zenith suka kafa kamfanonin ajiya, ƙarƙashin kulawar hukumar PenCom.

Mai ajiya ba ya zuba jari sai da umarnin mai juyawa, shi kuwa mai juyawa ba ya riƙe ko kwabo. Manufar ita ce kada a sake ba kura ajiyar nama.